Sunan Wa Jikan Tabawa Zai Ci?

Ku gyara zama, mai tari ya yi tarinsa tun yanzu, domin in na fara ba na son a katse ni. Labarin nan duk sa'ad da na ba da shi sai raina ya ɓaci, ga shi kuwa ya fara ɓaci tun ban kai ko'ina ba.

A garin Tudun Ƙirya an yi wata tsohuwa mai suna Tabawa, tana da 'ya'ya biyu maza, Nomau da ƙanensa Haladu. Sana'arsu haƙar rijiya, gadon ubansu. Ƙa'idar da uban ya bar musu ita ce, kowace safiya kafin mutum ya sauka, na sama zai ɗaura fitila a igiya ya zura ta har ƙasa. In ta ci gaba da ci, iskar ramin lafiya take. In ta mutu, ranar babu aiki. Sau ɗaya ake gwadawa, da safe, domin a zamanin ubansu iskar da ke cikin rijiya da hantsi ita ce a cikinta da la'asar.

Wata rana suna yashe rijiyar lambun wani attajiri, Alhaji Mato. Jiyan ranar sun yi cacar baki a tsakiyar kasuwa kan gonar gado, irin faɗan 'yan'uwa da ba ya hana su cin tuwo a kwano ɗaya, amma gari ya ji. Da safe fitila ta ci lafiya. Da azahar suka tafi salla. Alhaji Mato, mutum ne da ba ya iya jiran tukunya ta tafasa, ya ga ruwa ya taru yana jinkirta masa aiki, sai ya sa mai gadin lambun, Jatau, ya zura injin ban ruwa can cikin rijiyar ya tayar. Suka janye ruwan, suka fitar da injin, hayaƙi ya kwanta a ƙasa abinsa. Da 'yan'uwan suka dawo, Nomau ya kama igiya ya sauka, tunda an riga an gwada. Haladu yana sama ya ji igiya ta yi sako-sako, ya kira, ba amsa. Ya yi kururuwa mutane suka taru. Garin jawo shi da gaggawa kan Nomau ya bugu da bangon rijiya, aka fito da shi ba rai, goshi a fashe.

Kafin a dawo daga maƙabarta Alhaji Mato ya ɗora wa Jatau injin, ya tsallakar da shi iyakar ƙasa. 'Yan sandan garin kuwa suka ji an yi faɗa jiya, suka ga goshi a fashe yau, shi ke nan bincike ya ƙare. Suka ce Haladu ne ya sako wa wansa dutse. Suka rataye shi a caji ofis suna jibga har ya ce e ga duk abin da suka tambaya. Da sun ce shi ya ɓoye wata ma da ya amsa. Aka tura shi gidan yari yana jiran shari'a, kowa ya san igiya ce ƙarshenta. Tabawa ta binne ɗa ɗaya, tana kallo za a kashe mata na biyun.

To, a babban birni akwai ofishin binciken manyan laifuka na ƙasa, waɗanda muke kira 'yan sandan ciki. Ku yara ba ku san yadda aka yi kafin su ba. Da can ɗan sandan kowane gari iyakarsa iyakar garinsa. Ɓarawo zai haye gada ya juyo yana ɗaga masa hannu. Kuma in mai kuɗin gari ya sa baki a magana, babu wanda za a kai wa kuka. Shi ya sa hukuma ta tsinto mutane daga ko'ina ta haɗa su wuri guda, wasu masu duba zanen yatsa, wasu likitocin gawa, wasu masu yawo ba kaki, aka ba su ikon bin laifi duk inda ya shiga, da ikon karɓe magana daga hannun 'yan sandan gari in ta yi wari. Can Tabawa ta nufa. Ta zauna a bakin ƙofarsu cikin rana tana faɗa wa duk mai shiga da mai fita cewa ɗanta bai yi kisa ba, masu gadi suna korarta tana dawowa.

Na farko da ya tsaya ya saurare ta shi ne Sufeto Ɗayyabu. Ya je gidan yari ya ga bayan Haladu, ya san yadda aka samu wannan amsa laifi. Manyansa suka ce ya bar maganar ƙauye, ya ƙi, har aka yi masa barazanar mayar da shi gadin ƙofa. Ya karɓe shari'ar ana dab da yanke hukunci. Ya je Tudun Ƙirya ya sauka cikin rijiyar da kansa, bai ga dutse ba, sai baƙin mai a jikin bango. Nan ya gane akwai wanda ke ɓoye wani abu, kuma in ya ji motsi zai gudu. Don haka ya tsaya a ƙofar gidan mai gari, gaban jama'a, ya ce bincike ya tabbatar Haladu ne. Tabawa ta riƙe masa riga ta ce, "Ɗan nan, ba haka muka yi da kai ba." Ya fizge ya ce, "Ku janye min wannan mahaukaciyar." Alhaji Mato ya koma gida ya ci abinci da daɗi. Ita kuwa mata suka daina shiga gidanta, yara suna binta da waƙa, Sufeto bai aiko mata da ko kalma ɗaya ta kwantar da hankali ba.

Na biyu shi ne Saje Isiyaku, shi ma daga ofishin nan. Shi ba da kaki ya zo ba. Ya yi sallama a gidan Tabawa da 'yar jakarsa, ya ce abokin Nomau ne, tare suka yi cin rani, yanzu ya samu labari ya zo ta'aziyya. Ya zauna ya yi kuka da hawaye. Matar da gari ya juya wa baya ta ga mutum ɗaya da ya tuna da ɗanta, ta share masa zaure, ta riƙa dafa masa abin da marigayin yake so, har ta ɗauko rigar sallar Nomau ta ba shi. Shi kuwa kunnensa yana wajen matar Jatau, wadda ita kaɗai take leƙowa gaishe da tsohuwar don abin yana cin ta. Daga bakinta ya tsinci sunan garin da mijinta yake. Rannan Tabawa ta kai masa koko ta tarar da zaure wayam. Ya tsallaka iyaka, ya shiga aikin lambu tare da Jatau, ya sha zazzaɓi ya kusa mutuwa a ƙasar da ba shi da kowa, har ya shawo kan mutumin ya dawo da shi da injin. Tabawa ba ta sake ganinsa ba sai a kotu, cikin kaki, yana sara wa alƙali. Bai taɓa ganin Nomau da idonsa ba.

Na uku shi ne Likita Zubairu, mai binciken gawa. Jatau ya faɗi gaskiya a kotu, sai lauyan Alhaji ya ce mai gadi ne da aka kora yake huce haushi, kuma ga wanda ake tuhuma ya amsa da bakinsa. Alƙali ya ce maganar mutum ɗaya ba za ta ture wannan ba, sai in gawa ta yi shaida. Likita ya zo da izinin kotu zai tone kabari. Garin da bai motsa ba lokacin da ake dukan mai rai, sai ga shi ya tashi kaf saboda matacce. Suka yi masa ruwan duwatsu, suka fasa masa kai, ya ɗaure da ƙyalle ya ce a ci gaba. Tabawa da kanta ta kwanta a kan kabarin ta ce, "Ku bar min shi ya huta, wannan kam ba ku da rabo a cikinsa." Likita ya sa aka ɗauke ta cak kamar buhu aka aje gefe. Tana ji tana gani aka ɗaga itacen kabari, aka buɗe likkafani, aka yanki naman ɗanta aka sa a kwalba. Wannan naman ne ya nuna hayaƙi ya kashe Nomau, kuma raunin goshi bayan fitar rai aka yi shi.

Aka ɗaure Alhaji Mato, aka tuɓe wa masu dukan nan kaki, aka sallami Haladu. Ya dawo gida da hannu ɗaya da ba ya iya riƙe igiya, amma ya dawo. Mutanen gari suka yi ta tururuwa suna barka, su ɗin nan dai, ba kunya ba tsoron Allah.

Shekara ta kewayo matar Haladu ta haifi namiji. Dangi suka ce a mayar da sunan marigayi. Haladu ya ce ba hali, domin yana gidan yari ya yi wa Allah alkawari cewa in ya fita da rai, ɗansa na fari zai ci sunan wanda ya cece shi. Da safiyar suna ga rago a ɗaure, ga liman a zaune, ga goro ana jira a raba, aka rasa sunan da za a raɗa. Wasu suka ce Ɗayyabu, don da bai karɓe shari'ar ba da sauran biyun gawa za su tarar. Wasu suka ce Isiyaku, don baƙin mai a bango ba ya magana a kotu. Wasu suka ce Zubairu, don sai da ya buɗe kabari aka buɗe ƙofar gidan yari. Gardama ta yi zafi, Haladu ya shiga cikin gida ya durƙusa ya ce, "Inna, ke za ki zaɓa."

Tabawa tana riƙe da jaririn, ba ta ɗago kai ba. Ta ce, "Ɗaya ya kira ni mahaukaciya a gaban gari. Ɗaya ya ci tuwona da ƙarya ya sa rigar yayanka. Ɗaya ya yanka min shi ina kallo. Ban yafe wa ko ɗaya ba, kuma ba don su ba da yau ba ni da wanda zai durƙusa a gabana. Duk wanda aka sa, ni zan goya shi, ni zan riƙa kiran sunan nan safe da yamma har in mutu."

Liman ya aiko daga waje cewa rana tana yi.

To, ku da kuka ji abin da kowannensu ya yi mata da abin da kowannensu ya yi wa ɗanta, sunan wa ya cancanta yaron nan ya ci?