Kurege da Rumfar Tsakiyar Hanya

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso kusa.

Ta zo mu ji ta, mun matso.

A wani garin dabbobi akwai wata siririyar hanya da ta tashi daga rafi ta shiga kasuwa. Kowa ta nan yake bi. Da masu talla suka ga ƙafa ta yi yawa a wurin, sai suka riƙa kasa kaya a gefe. Aka yi ta rigima, masu wucewa na cewa an tare musu hanya, masu talla na cewa to me za su ci.

Sai aka kafa doka. Kowa yana da ikon kasa kaya a bakin hanya, amma iya abin da zai ɗauka a ka a tashi ɗaya. Ranar da Kura, dogariyar hanya, ta fito kewaye, za ta buga ganga sau uku. In ta buga na uku, abin da ya rage a ƙasa nata ne. Wanda kuwa ya kafa wani abu a hanya, shi kansa ya zama kaya, cikin Kura ne makwancinsa.

Aka zauna lafiya. Bushiya na ƙosai, Kunkuru na goro, Zabuwa na daddawa, kowa da ɗan faifansa.

Ana nan sai ga Kurege da gyaɗa. Ni fa ban taɓa ganin mai zari irin Kurege ba. Ya kasa gyaɗa, ya ga ana saye, sai wurin ya yi masa kaɗan.

Ya ce, "Inna Bushiya, matsa. Kura ce ta ba ni nan, ƙawar uwata ce."

Bushiya ta matsa.

Ya ce, "Baba Kunkuru, matsa. Kura ce ta ba ni nan, ƙawar uwata ce."

Kunkuru ya matsa. Zabuwa ba ta ma jira an faɗa mata ba. Duk suka koma can baya cikin ƙaya, inda ko ƙuda ba ya taya kaya. Kurege ya kawo buhun gyaɗa, ya kawo ƙwaryar dabino, ya kawo tulun zuma. Rana ta dame shi, ya kafa ƙatuwar dirka a tsakiyar hanya, ya ɗora zana, ya kishingiɗa. Masu ɗebo ruwa sai sun raɓa ta cikin ciyawa.

Rannan da hantsi yana cikin gyangyaɗi, sai ya ji, dum!

Ya buɗe ido. Ga Kura tsaye a kansa, ganga a hammata, miyau na zuba.

Kura ta ce, "Ɗaya ke nan. Rumfar wa?"

Ya ce, "Ranki ya daɗe, wace rumfa?"

Ta ce, "Wadda kake kwance a ciki."

Ya dubi buhu, ya dubi ƙwarya, ya dubi tulu. Kansa kuwa bai fi ƙwallon goriba ba. Sai ya waiwaya wajen ƙaya ya ƙwala kira, "Inna Bushiya! Haba Inna, kin bar mini gadin kayanki tun safe, zo ki ɗauki dabinonki!"

Bushiya ta taho a hankali, ta tsaya. Ta ce, "Kai da ƙawar uwarka, me zai kawo ni tsakaninku?"

Kura ta ce, "Ƙawar uwar wa?"

Kurege ya ce, "Tsufa ne, ranki ya daɗe, sambatu take yi." Ya raɗa wa Bushiya, "Don Allah ki rufa mini asiri."

Bushiya ta ce, "Kunnena ya yi nauyi. Dabinon wa ka ce? Ɗaga murya hukuma ta ji."

Ya ce, "Naki ne!"

"Har abada?"

Dum!

"Har abada, Inna, har abada!"

Bushiya ta ɗauki ƙwarya. Zabuwa ta zo, ita ma kunnenta ya yi nauyi, sai da ya rantse gyaɗa tata ce. Saura zuma, saura Kunkuru. Kun san tafiyar Kunkuru. Kura ta ɗaga makaɗi, Kunkuru ya ɗaga ƙafa ɗaya. Kura ta lashi baki, Kunkuru ya ɗaga ta biyu. Kurege ya ruga ya turo shi ta baya, ya ɗora masa tulu, ya yafa masa zana, yana cewa, "Naka ne, Baba, na rantse tun ba ka tambaya ba!"

Kura ta ce, "Saura dirka."

Nan fa Kurege ya hau tono. Ƙasa na tashi, makaɗi na saukowa, ƙasa na tashi, makaɗi na saukowa. Dirka ta yi gefe, ya cusa kai ƙarƙashinta, ya miƙe da ita a ka.

Dum!

Kura ta duba ƙasa, babu ko ɓawon gyaɗa. Ranta ya ɓaci. Ta ce, "Wannan fa?"

Ya ce, "Tallan itace nake yi, ranki ya daɗe. Ga shi a kaina, a tashi ɗaya."

Ta ce, "Madalla. Ganga ta riga ta cika uku. Duk inda ka sauke shi a hanyar nan, da kai da shi nawa ne. Mu je in raka ka."

Haka suka bi hanya, Kurege na nishi yana "Ga itace, ga itace," Kura na biye tana shaƙar ƙeyarsa. Ba wanda ya taya. Sai da suka kai bakin rafi inda hanya ta ƙare, ya yar da dirka, ya faɗa wani rami.

Washegari ya lallaɓo da wuya a karkace. Ya tarar su Bushiya sun koma wurarensu, ciniki ya kankama. Ya ce, "Inna, na zo karɓar ajiyata."

Bushiya ta ce, "Wace ajiya? Zabuwa, kira mana ƙawar uwarsa ta maimaita masa abin da ya rantse."

Kurege bai tsaya jin sauran ba. Shi ya sa har yau in kun gan shi a hanya ba ya zama, a guje yake tsallakewa.

Ƙurunƙus, na sauke tawa. Wanda duk zai tare hanya a cikinku, ya fara auna wuyansa, kuma ya tabbata maƙwabcinsa ba Kunkuru ba ne.