Cokalin Tsoho Gwak

Akwai wani dattijo a birnin Daegu na ƙasar Koriya, Tsoho Gwak, wanda a gidansa ba mai kai loma baki sai ya ɗaga cokali. An ce har magen gidan, in ta kama ɓera, riƙe shi take yi tana leƙen ɗakinsa.

Shi kuwa ba ya tashi sai rana ta ɗaga. Ya yi tari, ya taje gemu, sannan a kawo shinkafa da miya.

Da zamani ya juya, matar ɗansa, Mal-sun, ta sami aiki a masaƙa. Tun da duhu-duhu take fita, ga ciki wata biyar.

Wata rana Tsoho Gwak ya bi ta da kallo, ya ce wa matarsa, "Yarinyar nan sai ramewa take. A gidansu ba a koya mata cin abinci ba ne?"

Tsohuwa ba ta ɗago daga ɗinkinta ba. "An koya mata. An kuma koya mata jiran cokalin surukinta."

"To ta jira mana."

"Masaƙa ba ta san cokalinka ba, maigida. Na ce ta ci a ɓoye, ta ce ba ta iyawa. Ita da jikanka, da ruwan zafi suke fita. Ka yafe mata wannan doka."

"Abin da kakana ya kafa? Ba a kaina ba."

"To, kakanka sai ya zo ya yi mata goyon cikin."

Ranar dai rabin kwano ya ci.

Washegari da asuba Mal-sun ta fito tana ɗaura gyale, sai ta iske shi zaune gaban ɗan teburin cin abinci. Ya sa rigar fita a bai-bai, sanyi na kaɗa masa gemu.

"Baba, lafiya?"

"Yunwa nake ji. Laifi ne mutum ya ji yunwa a gidansa? Zauna."

Ta zuba abinci, ta durƙusa. Ya ɗaga cokali sama yadda kowa zai shaida, ya tura mata ƙwan da ke kwanonsa.

Ta ci, hawaye na ɗiga. Kafin ta gama, tsoho ya yi barci a zaune, cokali a hannu.

Haka ya riƙa yi kullum. Duk wanda ya tambaya, sai ya ce ai kakansa ma da asuba yake karyawa.

Darasi: Girman da aka ba ka, an ba ka ne don na ƙasa da kai su ƙoshi. Ku tura wannan labari ga duk wanda ake jiran cokalinsa a gida.