Ciwon Jiya da Ya Kama Sarki Jatau

A wani zamani mai tsawo da ya shuɗe, a bayan tsaunukan gabas, an yi wata ƙasa da ake kira Sabarga. Sarkinta Jatau ɗan Ranau mutum ne mai adalci da kwarjini, amma yana ɗauke da wani laifi da ya hana zuciyarsa sakewa. Tun yana sabon sarki mahaifiyarsa Hansatu ta kwanta ciwo, ta aika a kira shi alhali yana dajin farauta, ya ce wa manzo, "Ka ce mata sai gobe." Kafin ya dawo an kai ta makwancinta.

Da aka haifa masa 'ya mace, ya mayar mata da sunan marigayiya. Tun da ɗa ba ya kama sunan uwarsa, sai ya riƙa kiranta Uwani, fada duka suka bi.

Uwani ta girma, ta zaɓi Mazadu ɗan Sarkin Ruwa, aka sa rana. Ana gobe ɗaurin aure sarki ya gan ta zaune da lalle a ƙafa, ya ga uwarsa sak. Begenta ya taso masa. Ya fita shi kaɗai zuwa tsohuwar rijiyar bayan ganuwa, inda aljani Ɗan Kwantai yake tara ranakun da suka wuce.

Sarki ya ce, "Ka ba ni jiya."

Aljani ya ƙyalƙyale da dariya. "Ranka ya daɗe, kowa gobe yake roƙo, kai ragowa ka zo nema? Ga kaskon turare. Sai dai wutarsa ba gawayi take ci ba."

Sarki bai tambayi abin da take ci ba, ya ɗauki kaskon ya koma fada.

Da hayaƙi ya tashi, sai ya ji ƙamshin ɗakin mahaifiyarsa, man shanu da sabuwar tabarma. Nan ciwon jiya ya kama shi, ya bazu cikin gari. Rana tana fitowa tana faɗuwa, amma kwanan bai sauya ba. Gero ya fid da kai ya ƙi nuna, masu ciki suka kasa haihuwa, mata suna zuba wa matattu tuwo a akushi, kullum maroƙi yana shelar gobe ɗaurin aure. Uwani kuwa furfura ta fito mata, ta fara tari irin na kakarta. Da Mazadu ya zo gaisuwa ta dube shi ta ce, "Yaron nan ɗan wane ne?"

Sarki yakan durƙusa gabanta ya ce, "Inna, ki gafarta mini." Ita kuma abu ɗaya take faɗa, "Jatau, na aika ba ka zo ba."

Mazadu ya bi diddigi har ya gano inda sarki ya samo kaskon, ya ɗaura igiya ya sauka rijiyar. Aljani ya hura masa ƙamshin kwalekwale da muryar yayansa da ruwa ya ci. Hawaye suka zubo masa, amma ya toshe hanci ya tsaya.

Aljani ya ce, "Kai, ɗan masunta, taurin kanka ya fi na jaki. To saurara. Wutar nan kwanakin amaryarka take ci. In suka ƙare, za ta mutu yadda kakarta ta mutu. Magani ɗaya ne: ubanta ya kira ta da sunanta na yanka a gaban jama'a. Wa ka taɓa ji ya kama sunan uwarsa?"

Mazadu ya je fada ya faɗi gaisuwa, ya faɗa wa sarki duk abin da ya ji. Sarki ya fusata. "Ni? In buɗe baki in kama sunan wadda ta haife ni? Bayan abin da na yi mata, in ƙara mata da rashin kunya?"

Mazadu ya ce, "Allah ya ba ka nasara, in ka so ka sa a sare ni. Mahaifiyarka tana kabari, Allah ya jiƙanta. Wadda take tari a cikin gida 'yarka ce, kai kuma kake hura wutar."

Sarki ya miƙe, ya sa aka fito da Uwani a kan tabarma, numfashinta sama-sama. Ta buɗe ido ta ce, "Jatau, na aika ba ka zo ba." Ya san in ya kira sunan, gafarar da yake jira ta tafi ke nan har abada. Fadawa suka sunkuyar da kai don kunya.

Ya ce, "Hansatu. 'Yata, tashi."

Kasko ya tsage gida biyu, hayaƙi ya koma rijiya. 'Yar sarki ta tashi zaune da baƙin gashinta, ta ce, "Baba, me ya sa kake kuka? Ina Mazadu?"

Gari ya waye sabo. Jarirai suka yi kuka a unguwanni, manoma suka ɗauki magirbi, aka ɗaura auren Hansatu da Mazadu a ƙofar fada. Bayan an shafa fatiha sarki ya nufi maƙabarta, inda kunya ta hana shi takawa tun rasuwar. Sai da ya tambayi mai gadi kafin ya gane kabarin. Ya zauna a ƙasa, ya cire ciyawar da hannunsa, ya yi mata addu'a. Ba wanda ya amsa masa, shi ma bai jira ba.

Iyakar labarin Sarki Jatau ke nan.