Barde Nomau da Rijiyar Ɗaci

Tun shekaru da dama kafin zuwan Nasara, lokacin da kowane gari ke dogaro da ganuwarsa, an yi wani barde a Birnin Tsamau mai suna Nomau. Maroƙa kan ce masa, "Sarƙaƙiya hana ratse, namijin da kibiya ke kauce wa!"

Wata kaka mayaƙan Gangara suka afka wa masu girbi, suka kwashe mutum saba'in, har da Gambo, ƙanwar Nomau. Ya je gaban sarki ya faɗi.

"Ranka ya daɗe, a ba ni dawaki arba'in."

Sarki ya ce, "Su ke nan gare mu, Barde. Wa zai tsare gari?"

"Kwana goma sha biyu, zan dawo."

Sarki ya ba shi dawakin, sannan ya sallame shi.

Kwana shida suna kutsawa ƙasar abokan gaba, ba ganga, ba tuta, guzurinsu garin gero. Ran na bakwai da hantsi suka keta ƙofar Gangara, suka cinna wa rumbuna wuta, suka fasa gidan bayi. Ba kowa ciki sai wata tsohuwa da mari a ƙafa.

Ta ce, "Kun makara, ɗana. Fatake sun yi arewa da su tun shekaranjiya."

Da suka juyo, duk rijiyar da suka isa sai su tarar an zuba mata mushe. Dawaki suka riƙa faɗuwa, mutane na binsu, har ya rage saura mutum tara. A wata busasshiyar fadama dokin Nomau ya kafta ƙasa sau uku, ya kwanta, bai ƙara tashi ba. Suka haƙa wurin da masu. Ruwa ya ɓuɓɓugo, amma da ɗaci kamar maɗaci.

Nan wani makiyayi ya iske su da labari: mutanen Gangara sun ji Tsamau ba mahaya, sun ƙone ta ƙurmus, sarki ya mutu a bakin ƙofa.

Wani cikin mahayan ya ce, "Yanzu ina muka nufa, Barde?"

Nomau ya kwance sulkensa ya ajiye. "Babu inda muka nufa."

Shekara goma sha takwas ya yi a bakin rijiyar, yana tare kowane ayari yana tambayar ƙanwarsa. Ba wanda ya taɓa ganin ta. Bai sake hawa doki ba har ya rasu.

Ƙauyen da ya tashi a wurin shi ake kira Rijiyar Ɗaci. Har yau ruwanta bai yi daɗi ba, kuma duk mahayin da ya iso, komai sarautarsa, sai ya sauka ya shiga da ƙafa.