Gidan da Za a Kai Auta Yaye

Ga ta nan gare ku, kuma ba ta sa barci ba ce. Wanda ya san ba ya iya gardama ya tashi tun yanzu ya ba wani wuri.

A can zamanin da babu mutum, babu akuya, babu ko kare, duniya a hannun ƙadangaru take. Ba irin waɗannan masu gyaɗa kai a kan katanga ba. Akwai wanda in ya miƙa wuya sai ya ci ganyen ƙololuwar itacen da ya fi rimi tsawo. Akwai mai tafiya da ƙafa biyu, haƙoransa kamar an jera wuƙaƙen mahauta. Akwai kuma ƙanana masu gudu, su ne ma suka fi mugunta, domin babu inda hancinsu ba ya shiga. A ƙarƙashin ƙafafun waɗannan duka wata 'yar halitta take rayuwa, sunanta Ayashe. Ba ta cika tafin hannun yaro ba. In kun gan ta za ku ce jaɓa ce, amma ba jaɓa ba ce, ba kuwa ɓera ba, don a lokacin ba a raba waɗannan gidaje ba tukuna. Abin da ya bambanta ta da masu mulkin duniya shi ne gashi a jiki, da nonon da take ba 'ya'yanta.

Ayashe ba ta san zama ba. Cikinta ƙarami ne, jininta mai zafi, in ta yi jinkirin ci kaɗan sai jiri ya ɗebe ta. Tana tauna ƙwaro idonta na kan na gaba, kunnenta na sauraron ko ƙasa za ta girgiza. Ko cikin rami takan zabura ba dalili, ta leƙa ƙofa, ta dawo ta shinshina 'ya'ya, ta sake leƙawa. Duk wannan zirga-zirga kuwa ba ta hana komai ba. Ta haihu, ta sake haihuwa, babu ko ɗaya da ya rayu ya yi nasa gidan. Da kanta ta gano dalili: rami ɗaya suke kwana, ƙofa ɗaya suke fita, gindin saiwa ɗaya suke kiwo. Ƙadangaren da ya gane hanyar ɗaya ya gane ta kowa.

Saboda haka da ta sake samun uku, Korau da Hakama da Tunau, sai ta yi abin da babu uwar da ta taɓa yi. Ranar yaye ba ta bar su a gabanta ba. Ta ja Korau ta hau da shi kan itace ta sauko ta bar shi. Ta tura Hakama cikin ƙasa, can ƙasa da inda ita kanta ta taɓa kaiwa. Tunau kuwa ta kai shi bakin kogi ta ajiye shi cikin laka yana kuka.

"Inna, me muka yi miki?" in ji shi.

"Ba ku yi mini komai ba," ta ce. "In za a cinye ku, to a sha wahalar neman ku ɗaya bayan ɗaya. Share hancinka ka nemi abin da za ka ci."

Ba ta samu kwanciyar hankali da wannan ba, aiki ma ta ƙara wa kanta. Kullum tana kan hanya, daga gindin itace zuwa bakin rami, daga bakin rami zuwa kogi. Kuma duk zuwan da ta yi sai ta tarar da abin da ba ta haifa ba. Yatsun Korau sun yi tsawo, wata fata ta tsiro masa daga hammata zuwa cinya, in ya buɗe ta sai ya faɗo daga reshe iska ta ɗauke shi zuwa wani itacen. Hannuwan Hakama sun faɗaɗa kamar fartanya, idanunta sun ƙanƙance har da ƙyar ake ganin su. Tunau ya yi ƙiba, gashinsa ba ya jiƙewa, tafinsa ya haɗe kamar na agwagwa, wutsiyarsa ta baje.

Masu tonon tsofaffin ƙasusuwa sun ce irin wannan sauyi ba a jiki ɗaya yake faruwa ba. Sai jikoki da tattaɓa-kunne sun shuɗe ba adadi, wanda jikinsa ya dace da wurin ya rayu ya haifi irinsa, wanda bai dace ba ya tafi. Gaskiyarsu. Amma tatsuniya ba ta da wannan lokacin, a ɗaki ɗaya za mu tara su.

Ana nan, da tsufanta da komai, Ayashe ta sake haihuwa. 'Ya mace guda, aka ce mata Auta. Ita kaɗai ce ta rage da kamannin uwar: hanci siriri, hannu na kowa, ido na kowa. Ta ɓoye ta a wani rami ƙarƙashin saiwar mataccen itace kusa da kogi, tana fita kiwo tana dawowa da gudu ta ba ta nono.

Wata rana da hantsi, tana can tana bin ƙwari, ƙasa ta yi wata girgizar da ta kayar da ita. Ta ruga gida. Babu gida. Wani tsohon ƙadangare mai dogon wuya ya zo shan ruwa, ajali ya same shi, ya faɗi a kan saiwar da ramin da ƙofar baki ɗaya. Ta zaga kansa, ta zaga wutsiyarsa, ta dawo ta sake zagawa har numfashinta ya kusa ɗaukewa, ba ta ma iya gane ta inda gidan yake ba. Ga masu cin nama sun fara jin warin mushe suna taruwa. Ga kogi, an yi ruwa a kan duwatsu, yana ta haurowa yana lasar gaɓa. Auta kuwa tana ƙarƙashi. Ayashe ta nufi itacen Korau tana ƙwala masa kira tun daga nesa.

Korau bai tsaya tambaya ba. Ya buɗe fatarsa ya bi iska, kafin uwar ta dawo bakin kogi ya kai wa Hakama da Tunau labari, tafiyar da in ita ce za ta yi, da sai rana ta faɗi. Sannan ya hau ƙololuwar itace ya duba. Daga can sama ya hango abin da babu mai gani daga ƙasa: ɗan bakin tsohuwar saiwar ya leƙo daga ƙarƙashin hammatar mushen. Nan ne gidan, ya ƙwala wa uwar kira ya nuna mata. Sai dai a daidai wurin wasu ƙananan masu gudu sun yi zobe suna yagar nama. Korau ya saki reshe ya gilma ta gaban hancinsu, ya faɗi ƙasa da gangan kamar wanda ya karye. Suka bar mushen da ba ya gudu suka bi mai motsi. Ya hau itace, ya sake faɗowa can gaba, ya hau, ya faɗo, yana jan su nesa da kogi. A faɗowa ta ƙarshe ɗayansu ya kai masa cafka ya yage masa fatar gefe guda har cinya. Da ƙyar ya kama ɓawon itace ya haye. Amma wurin ya zama babu kowa.

Hakama rabonta da rana tun ranar yaye. Ta fito da tsakar rana idanunta na zubar da ruwa, ba ta ganin komai sai fari, ta kama wutsiyar uwar da baki aka ja ta har wurin da Korau ya nuna. Nauyin mushen ya danne ƙasar ta yi tauri kamar daɓe. Ta kwantar da haɓarta a kai ta kasa kunne, Ayashe na ta tsalle a bayanta tana cewa ta fara mana. "Inna, ki daina taka ƙasa, kina rufe mini kukan Auta," in ji Hakama. Can sai ta ji shi, siriri, ba ma ta inda uwar take tsammani ba. Ta sa hannu. Ta yi ta haƙa tana turo ƙasa da ƙafafun baya, ta ratsa ƙarƙashin haƙarƙarin ƙaton, ƙasa na ruftawa tana sake buɗewa. Faratanta suka tsage, jini ya gauraya da yashi, ba ta tsaya ba sai da hannunta ya faɗa cikin tsohuwar hanyar gidan. Nan ta ja da baya a firgice. Kogi ya riga ta shiga ta ƙarƙashin ƙasa, hanyar cike take da ruwa har sama.

Tunau ne ya shiga. Ramin an haƙa shi daidai jikin Hakama, shi kuwa ya fi ta kauri, sai da ya bar gashin kafaɗunsa a jikin bango kafin ya kai ga ruwan. Ya cika ƙirji ya nutse cikin taɓo da duhu, yana lalube da gashin bakinsa. Ya tarar da Auta a can ƙuryar ɗaki, ta maƙale a kan wata 'yar saiwa, ruwa ya kai mata wuya. Jaririya ba ta san riƙe numfashi ba, in ya ja ta haka ta mutu kafin rabin hanya. Sai ya buɗe bakinsa, bakin da yake fasa ƙoƙon ƙaguwa da shi, ya sa kanta gaba ɗaya a ciki, ya rufe leɓe bai haɗa haƙora ba, ta riƙa shaƙar iskar da ya tanadar wa kansa. Ya juyo da ita. Yana gab da fita rufin ya rufto masa a wutsiya, ya fizge ta ta karye. Ya fito ya ajiye Auta gaban uwarta, ya faɗi yana aman ruwa.

Suka ja jiki zuwa wani tudu, Korau ya sauko ya same su yana ɗingishi. Ayashe ta lashe 'yar tun daga kai har wutsiya, ta kwanta ta ba ta nono. Auta ta ja, ta ja, ta saki ta fashe da kuka. Uwar ta juya mata wani nonon, shi ma haka. Tsoro ya ƙafar da nonon, a shekarunta kuwa ta san ba zai dawo ba. Ta buɗe bakin yarinyar ta duba, sai ta ga haƙorin gaba har ya fara girgiɗi, famfara ta kusa.

Nan hankalinta ya ƙara tashi. Ƙadangare in haƙorinsa ya faɗi wani ya fito, haka har ya mutu. Mai shan nono kuwa sau biyu kawai ake ba shi: na nono, da na zama. Na zaman kuma abincin gidan da aka yaye ka suke bi. Na Korau sun dace da 'ya'yan itace da ƙaro, na Hakama da tana da tsutsar ƙasa, na Tunau da kifi da ƙaguwa, har ba mai iya cin tuwon gidan ɗan'uwansa. Duk inda aka kai Auta yau, ta zama irin mutanen gidan ke nan, ita da duk wanda za ta haifa. Ita Ayashe ba gida, ba nono, ƙafafu sun fara gazawa.

"Ɗayanku zai tafi da ita," ta ce. "Yau, ba gobe ba."

"Ai magana ta ƙare, Inna," in ji Korau. "Ba don ni ba da har yanzu kina zagaya mushe. A sama babu mai taka ta, babu ruwan da zai same ta."

"Ji mai mayafi a hammata," Hakama ta ce. "Mayafin ma ga shi a yage. Da me za ka koya mata tashi? Nuna wuri ka yi, Yaya, ni na buɗe shi. A wurina babu idon da zai gan ta, balle a bi ta."

"Babu idon da zai gan ta, ita ma babu abin da za ta gani," in ji Tunau yana tari. "Uwar fartanya, kin kai bakin ruwa kin tsaya kina rawar jiki. Numfashina ta sha, Inna. A kogi ba a kwana da yunwa."

"Ba a kwana da yunwa, gaskiya ne," in ji Korau. "Tambayi kada."

Ayashe ta ɗauki Auta a baki ta nufi Korau, ta tuna masu dogon wuya da ke karya itace su cinye, ta tsaya. Ta juya wajen Hakama, ta tuna ruwan da ya cika ramin ɗazu, ta ja baya. Ta matsa kusa da Tunau, ta dubi kogin da ya yi ja yana tafe da rassa, ta kasa ajiyewa. Ta dubi fatar da ta yage, ta dubi faratan da suka tsage, ta dubi wutsiyar da ta karye. Ba don na farko ba da ba a san inda za a haƙa ba. Ba don ta biyu ba da ba a kai ga ruwan ba. Ba don na uku ba da gawa za a tarar. Rana ta karkata, masu gudun da Korau ya yaudara sun fara dawowa suna shinshina ƙasa, yarinya na kukan yunwa a bakin uwarta, ita kuwa tana kai da komo tsakanin 'ya'yanta uku.

To, ku da kuke zaune: Korau, ko Hakama, ko Tunau, gidan wa ya fi cancanta a kai Auta yaye?