Dalilin da Ya Sa Ake Rawar Kukar Nomau da Gwiwar Hannu a Ɗage

Ga dalilin da ya sa mutanen Kukar Nomau suke rawa da gwiwar hannun hagu a ɗage, kamar kaza ta shanya fiffike ɗaya a rana, makaɗansu kuma suke riƙe kalangu a hammatar dama, alhali duk ƙasar nan a hagu ake riƙe shi. Ku gyara zama, yara, ku bar tsungulin juna.

A da ba haka suke ba, rawarsu irin ta kowa ce. A zamanin akwai Sarkin Kiɗa a garin, sunansa Ranau, gajere mai faɗin ƙirji, wanda in ya matse kalangu sai ka ji ya kira sunanka har da na kakarka. Kowace kaka, in an gama yankan dawa, samarin Kukar Nomau da na maƙwabtansu Rafin Marke sukan haɗu a fili guda don kalankuwa, wato bikin samari da 'yan mata na bayan girbi. Makaɗan garuruwan biyu su kafa, wannan a gabas, wancan a yamma. Wanda masu rawa suka watse suka bar shi, sai ya ajiye kalangunsa a ƙasa, ba zai sake kaɗa shi a bainar jama'a ba sai wata kaka. Ranau bai taɓa ajiyewa ba. Barmo kuwa, makaɗin Rafin Marke, ya ajiye har kalangunsa ya saba da ƙasar wurin.

To, a wata shekara, ana saura 'yan makonni kalankuwa, sai labari ya zo cewa agana ta ɓulla a ƙetaren kogi. Ku ba ku san agana ba, Allah kada ya sa ku san ta. Zazzaɓi ne da ƙuraje daga fuska har tafin ƙafa. Takan ɗauki na ɗauka, wanda ta bari kuma ta bar masa zanzana a fuska. Marka, matar Ranau, tana cikin waɗanda ta bari. Tun tana ƙarama agana ta shiga gidansu, ta fita da ƙannenta, ta bar mata fuska kamar an yi yayyafi a kan toka.

Ana cikin wannan fargaba sai ga Malam Habila, ma'aikacin lafiya, a kan keke, da ɗan akwati ɗaure a baya. Ya zo yi wa mutane lamba, wato rigakafin agana da ake yi a damtse. Daga Rafin Marke ya fito, inda bai sami kowa ba sai tsofaffi da awaki, don samari da 'yan mata duk sun shige jeji da suka hango keken.

Da ya iso Kukar Nomau ya zauna gindin kuka, ya ɗaga 'yar kwalba. Ya ce, "Abin da ke cikin nan 'yar'uwar agana ce. Ita ma cuta ce, amma mai kunya, inda aka ajiye ta nan take zama. Zan ɗan karce damtsen hagu in sa ta. Wurin zai yi ƙurji, ya yi ɓawo, ya bar tabo. Jiki ya koyi kokawa da ƙaramar, ranar da babbar ta zo ya riga ya san kamun gidansu."

Ranau ya ce, "Ita ƙaramar 'yar gidan wa ce?"

"Wasu sun ce daga hantsar saniya aka fara samo ta, wasu sun ce asalinta daga doki ne. Masanan ma ba su gama shawara ba."

"To in na wayi gari ina kukan saniya fa?"

"Sai kalangunka ya sami abokin hira, Sarkin Kiɗa."

Aka yi dariya. Amma da Ranau ya ji cewa lamba takan tayar da kaluluwa a hammata, sai ya daina dariya. Hammatar hagu ita ce ke matse kalangu har ya yi magana. Ya ce a yi masa a dama. Malam Habila ya ce a hagu aka umarce shi, don duk wanda ya zo dubawa ya san inda zai duba, kuma in an yi a dama, da wane hannu Ranau zai riƙe sandar kiɗa? Ranau ya miƙo ƙafa. Malam ya ƙi. Ranau ya juya baya ya fara laluben mazugin wandonsa. Mata suka watse suna salati, Marka kuma ta ce, "Maigida, miƙa hannu, kada ka tozarta mu."

Ya miƙa. Amma yana barin gindin kuka ya zagaya bayan rumbu, ya yanka lemun tsami ya goge wurin tas, don ya ji an ce tsami yana kashe lamba tun ba ta zauna ba. Samari kuwa duk abin da Sarkin Kiɗa ya yi shi suke yi. Kafin rana ta karkata, garin ya cika da ƙamshin lemo, 'yan mata ma sun bi sahu, don babu mai son zuwa kalankuwa da ɓawo a damtse.

Abin da Ranau bai sani ba shi ne, mai lamba yakan dawo ya ga ko ta kama. Da mako ya zagayo sai ga keke. Damtsen tsofaffi da na jarirai duk sun yi ƙurji yadda ake so. Damtsen samari kuwa sumul.

Malam Habila ya shinshina iska ya ce, "Garin nan ana shan lemo ƙwarai."

Ranau ya ce, "Mura ce ta shigo mana."

"Allah ya sauwaƙe. A sake jera layi."

A wannan karon Marka ta riga su shiri. Ta haɗa kan matan gari, sun tsinke lemun da ke kowace bishiya, nunanne da ɗanye, sun matse shi a kunu. Ita kuma ta zauna kusa da mijinta, ta riƙe masa tsintsiyar hannu har wurin ya bushe.

Ya ce, "Marka, so kike in ajiye kalangu a gaban Barmo?"

Ta kamo tafinsa ta ɗora a kuncinta. Ta ce, "Shafa ka ji. Kalangu in an ajiye shi ana ɗauka baɗi. Ƙannena ba a ɗauko su ba."

Ya bar mata hannun ta ci gaba da riƙewa.

Yanzu ku duba abin da wayo ya jawo. Da sun bar lambar farko ta kama, da kafin biki ɓawo ya bushe, hammata ta saki. Ta biyun kuwa ta nuna daidai ranar kalankuwa. Ranau ya tashi da ƙurji ja wur a damtse, da kaluluwa kamar ƙwan zabuwa a hammata. Ya leƙa waje ya ga samarin gari suna tafiya hannun hagu a ɗage, kowa yana kauce wa kowa, ana gaisuwa daga nesa kamar surukai.

Da la'asar aka hallara. Barmo ya hango su, ya yi dariya har ya riƙe ciki. Ya ce, "Ranau, angulayen garinku ne suka zo shan iska? Share wa kalangun naka wuri mai laushi, ni na san inda ba tsakuwa."

Ranau ya ce, "Ai dole ka sani, gadonka ne."

Ya sa kalangu a hammatar hagu ya matse. Sai da ya ga taurari da rana tsaka. Kalangun ya suɓuce, ya tare shi da gwiwa saura kaɗan ya taɓa ƙasa. Barmo ya soma kiɗa, masu rawa suka fara sulalewa yamma wajensa.

Marka ta matso ta ce a hankali, "Hammata ɗaya Allah ya ba ka?"

Ranau ya dube ta. Ya mayar da kalangu dama, ya karɓi sanda da hagu. Hannun ba ya iya sauka sosai, in ya buga biyu sai zafi ya sa ya ɗaga, sai kiɗan ya fito da ɗingishi: bugu, bugu, tsit, bugu, bugu, tsit. Shi kansa kunya ta kama shi. Amma samarin garinsa da ke tsaye hannu a sama sai suka ji kiɗan ya dace da jikinsu, don su ma taku biyu suke iya yi kafin kaluluwa ta tuna musu da kanta. Suka shiga fili: taku, taku, a ɗaga gwiwar hannu a yamutsa fuska. In wani ya matso, a goce a juya, kada kafaɗa ta taɓa kafaɗa. 'Yan mata suka shiga suna dariya suna cije leɓe. Wata tsohuwa ta rangaɗa guɗa. Ranau ya sa kalangu ya riƙa cewa, "Kar ka taɓa ni, ta kama, ta kama," duk fili ya ɗauka.

'Yan Rafin Marke suka tsaya kallo, ƙafafunsu na motsi ba da izininsu ba. Ɗaya ya faɗo fili, ya ɗaga gwiwar hannu yana kwaikwayo. Marka ta zagayo ta ɗan dangwale masa damtse. Ko gezau bai yi ba.

Ta ce, "Wannan na ƙarya ne. Fita, ɗana. Rawar masu lamba ce."

'Yan matan Kukar Nomau suka karɓi aikin. Duk baƙon da ya shigo sai a dangwale shi, in bai zabura ba a kore shi da tafi. Wani ya yi ihun ƙarya, aka naɗe masa hannun riga aka ga sumul, aka raka shi da waƙa. Yanzu abin ya zama na zuciya. 'Yan Rafin Marke suka tambaya ina ake samun abin nan, aka nuna musu gindin kuka, inda Malam Habila yake zaune yana cin gyaɗa. Mutumin da suka guje wa suka shige jeji, sai ga su sun jeru gabansa suna ture juna, kowa ya naɗe hannun riga. Ya gaya musu ba yau za ta kumbura ba. Suka ce ba komai, a yi musu, ai Marka ta ce karce ma ya isa a shiga rawa.

Barmo ya waiga ya ga babu kowa a gabansa sai wani kare. Ya ajiye kalangu a wurinsa na kullum, ya bi layi, yana cewa a yi masa babba ta fi ta Ranau.

Da rani agana ta ƙetaro kogi. Ta shiga ƙauyukan gabas, ta yi ɓarnar da ta saba. Ta zo Kukar Nomau da Rafin Marke ta tarar ƙanwarta ta riga ta kwana a kowane gida, ta wuce. Ranau bai sake mayar da kalangu hagu ba, ko da hammata ta warke. In an tambaye shi sai ya ce a dama ya fi jin maganar matarsa.

Yau agana ta ƙare a duniya, an daina lamba. Ita ƙaramar masu bincike sun adana ta a ɗakunan gwajinsu, suna nazarinta, har suna ɗora mata saƙon rigakafin wasu cututtuka ta kai cikin jiki. Masu tabon nan mai kama da anini a damtsen hagu sai raguwa suke yi, kowace kaka a nemi wasu a fili a rasa.

Shi ya sa har wa yau, in kalangu ya tashi daga hammatar dama a Kukar Nomau, kuke ɗaga gwiwar hannu kuna gocewa kuna yamutsa fuska, alhali damtsenku sumul yake, babu abin da ke muku ciwo. In kun ga wata tsohuwa ta dangwale ku a tsakiyar rawa, ku zabura mata ko da na ƙarya ne. Yanzu ba a korar kowa.