Hazon da Rupert Kaɗai Yake Gani

Akwai wani mai ɗaukar fim a Landan, Rupert Pennock, wanda ya shekara talatin a bayan kyamara har ya kai ga shirya finafinan kansa. Gwani ne, amma in ya yi magana ba mai ƙara wata.

A 1968 suna aiki a yankin Yorkshire, a arewacin Ingila. Kowace safiya sai a haska musu abin da aka ɗauka jiya. Wata rana Rupert ya miƙe tsaye cikin ɗakin majigin.

"Wannan wane irin hazo ne? Fuskar matar ma ba ta fito ba!"

Aka shiga kallon juna, domin kowa yana ganin hoton tangaran.

Rupert ya rasa gane kan abin. Ya sa aka sauya madubin kyamara, hazo na nan. Ya zagi masu wanke fim ta waya. Ya ce a ƙara fitilu, aka ce to. Har ya fara zargin ko haɗa baki aka yi a kunyata shi.

Daga ƙarshe ya juya kan Wilfred Sugden, wanda ya shekara ashirin yana saita masa kyamara.

"Wilfred, hannunka rawa yake yi ko me? Tattara naka ya naka."

Wilfred ya ɗauki hularsa ya fita.

Aka kawo sabon ma'aikaci. Hazo bai tafi ba. Yanzu kuma 'yan wasa suka fara kukan fitilu na gasa su, hoto yana fitowa fari fat, Rupert yana cewa duhu ya yi yawa. Kansa ya ƙara ɗaurewa.

Maureen, dattijuwar da ke dafa musu shayi, ita ta fasa ƙwan. Ta same shi yana tsiyaya madara a gefen kofi, tana malala kan tebur.

"Yallaɓai, sau uku ke nan a makon nan. Ni ban san fim ba, amma na san tsumman goge tebur. Ka je a duba idonka."

"Idona? Da idon nan nake ci!"

"Shi ya sa."

Da ya je asibiti, likita ya ce yanar ido ce ta rufe idanun biyu. Bayan an yi masa aiki ya warke, Rupert ya sake kallon fim ɗin. Duk abin da Wilfred ya taɓa ya fito fes. Na bayan tafiyarsa kuwa haske ya ƙone shi, dole a sake.

Ya hau jirgin ƙasa zuwa garin Scarborough, inda Wilfred ya buɗe ɗan shagon hoton biki.

Rupert ya nuna idonsa. "Ka san da wannan?"

"Shekara biyu, maigida. Kana cewa a ƙara fitila, ni ina bi a baya ina ragewa."

"To me ya hana ka faɗa mini?"

"Na faɗa. Ka ce in rage zuwa mashaya."

Rupert ya zauna kan kujerar amarya, ya rufe fuska da hannu. Ya roƙi gafara, ya roƙe shi ya dawo.

Wilfred ya miƙa masa shayi. "Gafara kam na yi tuntuni. Amma ba zan dawo ba. Amare suna kuka, suna latti, amma har yau ba wadda ta yi mini tsawa."

Rupert ya sake shirya finafinai huɗu. Ya yi ta sauya masu saita kyamara, bai ƙara samun kamar Wilfred ba.

Darasi: In kowa ya lalace a idonka lokaci guda, fara duba naka idon kafin ka kori mai rufa maka asiri. Wanda ba a iya faɗa masa gaskiya shi ne na ƙarshen sanin ciwonsa. Ku tura wa 'yan'uwa, musamman masu mutane a ƙarƙashinsu.